Fustuƙ Sha Huɗu, Ƙwallon Dabino Tara

Ban taɓa mantawa da ranar da muka rataya zanin gado a ɗakin wanki muka yi zaɓe a bayansa ba. Ƙarshen watan Zulhajji ne, a shekarar nan da aikin Hajji ya faɗo tsakiyar zafi, zafin da har mu 'yan Makka muka riƙa cewa ba mu saba da irinsa ba. Alhazai suna dawowa daga Mina ƙafafu a kumbure, leɓuna a tsage, mu kuma muna hawa muna sauka da ruwan sanyi da tawul. Shekara ce mai nauyi. Kowa ya gaji, kowa ransa a kusa, magana kaɗan sai ta zama faɗa.

Ina ba da labarin ne saboda ku ƙannenmu da kuka shigo aikin bayanmu, kuka tarar da jadawali manne a bango, kuna tsammanin da shi aka gina funduƙin, wato otal ɗin nan. Ba da shi aka gina ba.

Sunana Rabi, a wurin aiki Ummu Nasiru ake ce mini. A nan aka haife ni. Kakana ya zo Hajji daga Kano da ƙafa, bai koma ba. Ban yi makaranta ina yarinya ba, sai da na yaye ɗana na uku na shiga ajin yaƙi da jahilci na manya da ake yi bayan la'asar. Rubutuna a hankali yake tafiya kamar tsohuwa a ɗawafi, amma yana fita tsaf. Shi ya sa duk takardar da za a rubuta a tsakaninmu ni ake miƙa wa biro.

Funduƙin da muke aiki yana ɓangaren Shisha, hawa goma ne, kuma kusan kowace shekara alhazan Iran ne ke cika shi. Mu mata ashirin da uku ne masu gyaran ɗaki da wanki. A samanmu akwai mushrifa, wato shugabar mata, ita ke raba wa kowa hawan da za ta gyara da ranar hutunta. A saman mushrifa akwai mudir, wato manaja. Abin da baƙo ba zai sani ba shi ne, asansir ɗin ma'aikata, wato lif, a hawa na takwas yake tsayawa, kuma an hana mu shiga na alhazai da kayan wanki. Duk wadda aka ba hawa na tara ko na goma, a ka take sauko da ƙunshin zannuwa ta matakala, ta koma ta ɗauko wani, har ta gama ɗakuna.

Tun da na fara aikin, 'yan Sudan ake ba wa tara da goma. Haka muke kiran waɗanda iyayensu suka biyo ta Sudan ko ta Chadi daga baya-bayan nan, alhali Hausa ɗaya muke ji, alƙibla ɗaya muke kallo. Mu 'yan gida, waɗanda kakanninmu suka daɗe a unguwar Hindawiyya, mu ke da hawan ƙasa, mu ke da hutun Juma'a. Ba wanda ya rubuta haka a ko'ina. A kan mushrifa yake, kuma mushrifa kullum 'yar gida ce. Ni ma na ci moriyar abin shekara da shekaru ban ce uffan ba, ba zan ɓoye muku ba.

A watan ne mushrifarmu ta ajiye aiki, gwiwoyinta sun ƙi. Mudir, Ustazu Adil, ya tara mu ya ce shi ba ya son ya ɗora mana wadda ba ma so. Mu zaɓa a tsakaninmu, a kawo masa suna a rubuce, ya buga hatimi, ranar Alhamis ya aika ofishin kula da ma'aikata. Sai an yi haka sunan zai shiga takarda.

Mutum biyu suka fito. Ta farko Yaya Sa'adiyya, 'yar Hindawiyya, wadda ta fi kowa daɗewa. Ita ta goya ni ina ƙarama, ita ta nemo mini aikin nan bayan rasuwar mijina. Ta biyu Hauwa, 'yar unguwar Mansur, iyayenta ta Sudan suka zo. Hauwa ba ta da hayaniya. Abu ɗaya ta ce za ta yi: a rubuta jadawali a manna a bango, hawa ya riƙa zagayawa, Juma'a ma ta riƙa zagayawa. Shekararta tara tana aiki, ga Harami can ana hango hasumiyarsa, ba ta taɓa samun sallar Juma'a a ciki ba a lokacin mausim, wato lokacin alhazai.

Ranar Asabar muka taru a ɗakin wanki. Aka ce mai son Yaya Sa'adiyya ta ɗaga hannu. Yaya tana zaune a kan kujera ɗaya da ke ɗakin, ta ɗora hannu a gwiwa, tana bin fuskokinmu da kallo ɗaya bayan ɗaya. Wa zai iya ƙin ɗagawa? Hannuwa suka tashi duka. Na waiga na ga Hauwa ita ma ta ɗaga nata, kanta a ƙasa. Aka yi fatiha, aka ce Ummu Nasiru ta rubuta ta kai.

A motar ma'aikata da yamma kuwa ba ka jin komai sai tsaki. Kaltume, wadda ta shekara shida a hawa na goma, ta zauna kusa da ni tana murza wuyanta. Ko kallona ba ta yi ba. Da ta faɗi magana ma da ya fi mini sauƙi.

Washegari takardar tana aljihuna, ban rubuta ba, na shiga gyaran ɗaki a hawa na uku. A ɗakin akwai wata dattijuwa da muke kira Hanum Zahra. Hanum shi ne yadda suke cewa Hajiya ko baiwar Allah. Tsohuwar malamar makarantar 'yan mata ce, Larabci ta koyar, shi ya sa muke iya hira, ko da yake Larabcinta irin na littafi ne, in ta ce a kawo mata sabulu sai ka ɗauka huɗuba za ta fara. An hana mu maganar siyasa da alhazai, kuma ni ban taɓa tambayar baƙon Allah mazhabarsa ko ra'ayinsa ba. Ita ta fara.

Na tarar da ita zaune a bakin gado da waya a hannu, tana dariya hawaye na zuba. Ta kamo hannuna ta cika shi da fustuƙ, gyaɗar nan tasu mai buɗaɗɗen baki.

"Ki ci, 'yar'uwata. Namu ya ci zaɓe."

Na ce barka. Ta ce a ƙasarsu an yi zaɓen shugaba, zagayen farko ba wanda ya haye rabi, aka sake tsakanin mutum biyu, kuma wanda ta so, ɗan ɓangaren masu neman gyara, shi ya zo a gaba. 'Yarta ke turo mata labari daga gida.

Na ce, "To yau zai shiga ofis ke nan?"

Ta girgiza kai. "Ina! Ya ci, amma bai zama ba tukuna. Akwai majalisar da ke tantance 'yan takara tun farko, sai ta duba ta ce zaɓen ya inganta. Sannan babban jagoranmu ya sa hannu a takardar tabbatarwa. Sannan ya yi rantsuwa a gaban 'yan majalisa. Tsakanin cin zaɓe da tabbatarwa akwai tafiya. Ko zai iya gyaran da ya faɗa, Allah ne masani. Ni dai yau ina murna."

Ban san lokacin da na zauna a ɗaya gadon ba, abin da ba a yarda ma'aikaciya ta yi ba. Na ba ta labarin namu zaɓen. Da na zo wurin da Hauwa ta ɗaga wa abokiyar takararta hannu, sai da Hanum ta yi dariya har ta sarƙe.

Ta ce shekaru da yawa ana ɗaukar ta zama a teburin zaɓe a makarantarsu, kamar yadda ake ɗaukar malamai. Ta ce mutum ba ya faɗin gaskiyar zuciyarsa ana kallon sa, sai a bayan labule. Kowa kuma a rubuta sunansa, ya dangwala yatsa a tawada ya buga a gaban sunan, don kada ya dawo. Sai ta ɗaga yatsa kamar tana gaban allo.

"Wannan kuma ki riƙe shi da kyau. Kafin a buɗe akwati, ki rubuta mutum nawa suka jefa, ki rubuta cewa ba a ga aibu ba, ki sa ɓangarorin biyu su sa hannu. Kafin, ba bayan ba. Kafin a buɗe, kowa yana ganin shi zai ci, zai sa miki hannu da fara'a. Bayan an buɗe, wanda ya faɗi hannunsa ciwo yake yi."

Ta ce su sunan ɗan takara suke rubutawa a takarda. Na ce mu rabinmu ba su iya rubutu ba, waɗanda suka iya kuma na san hannun kowacce. Ina faɗi ina kallon fustuƙ ɗin da ke tafin hannuna, sai dabara ta zo mini. Na ce ko za ta ƙara mini? Ta ba ni leda guda.

Bayan azahar na ƙwanƙwasa ofishin mudir. Ya miƙo hannu yana jiran takarda. Na ce ban rubuta ba.

"Lesh, me ya sa, ya Ummu Nasiru? An ce mini duk kun ɗaga hannu."

Na ce, "Ustaz, ba zaɓe muka yi ba jiya, gaisuwa muka yi. A wurinmu ba a ƙin babba ido da ido."

Ya jingina da kujera ya yi murmushi. Ya ce shi dai Alhamis zai aika suna. In Sa'adiyya ta yarda a sake, bismillah. In ba ta yarda ba, halas, shi ke nan, maganar jiya ta zauna. Ya ara mini tawadar hatimi daga teburin karɓar baƙi.

Zuwa wurin Yaya shi ne abin da ya fi mini wuya a duk lamarin. Na same ta tana ninke tawul. Na durƙusa na faɗa mata. Ba ta daina ninkewa ba.

"Rabi, ke ce za ki yi mini haka? Ke da na share wa majina?"

Na ce, "Yaya, in hannun jiya na gaskiya ne, akwati ba zai canza shi ba. Sai ma ya rufe bakin masu tsaki a mota."

Ta ajiye tawul ta dube ni. "Akwai masu tsaki?"

Na sunkuyar da kai.

"Ku kawo akwati goma. Ni Sa'adiyya ba na tsoron kwali."

Ranar Litinin, lokacin canjin aiki bayan azahar, muka sake taruwa. Na samo kwalin sabulu na naɗe shi da salatif, na huda ƙaramar ƙofa a sama. Muka ɗaura igiya daga bututu zuwa taga, muka rataya zanin gado, kwalin yana baya. Na nuna musu abin da za a yi. Kowacce zan ba ta fustuƙ ɗaya da ƙwallon dabino ɗaya, ta shiga ta jefa wanda take so, ɗayan ta ɓoye a aljihu ta tafi da shi gida. Na ce 'yan takara su zaɓi nasu.

Yaya ba ta jira ba. "Dabino nawa ne, ɗan ƙasa. A bar wa baƙi abin baƙi."

Hauwa ta ce, "Na karɓa, Yaya. Baƙon ma ai daɗi gare shi."

Aka yi dariya, har Yaya ta murmusa.

Na zauna da takarda a kan injin wanki da ba ya aiki. Mace ta zo, in rubuta sunanta cikakke, ta dangwala babban yatsa a tawada ta buga, in ba ta abubuwa biyun, ta shiga. A nan na yi kuskure, kuma nawa ne ni kaɗai. Daren Juma'ar da ta wuce an yi bikin 'yar Kaltume a Mansur, 'yan Sudan duk sun sha baƙin lalle irin nasu har gaɓar yatsa. Tawadar shuɗiya ce. A yatsunmu tana fita raɗau, a nasu ko alama babu. Na gani da idona tun kan mace ta farko, na ce a raina ba komai. Da na tsayar da layin na nuna wa kowa, na ce ga shi fa, tambarin takarda shi ne shaida ba yatsa ba, da ban sha wahalar da na sha ba.

Ana tsaka da yi igiyar ta kwance ta gefen taga, zanin ya zube. Ba kowa a ciki lokacin. Kaltume, da ta riga ta jefa nata, ita ce mafi tsayi, ta shiga ta hau kujera ta ɗaure. Aka ci gaba.

Sai ga Ladidi, 'yar lungunsu Yaya, mace mai baki kamar rediyo, ta fito daga bayan zani tana taunar fustuƙinta. Ɗakin ya ɗauki shewa.

"Ladidi, kin cinye sirrinki!"

Ta ce, "To in kai shi gida in yi me da shi? In ajiye wa jikoki? Kowa ya sani ni dabino na jefa, ba na munafunci."

Ni ce ta ƙarshe. Na rubuta sunana, na buga yatsa, na shiga. Na daɗe a bayan zanin nan fiye da kowa.

Da na fito, mata suka yo kan kwali. Na dafe shi na ce a dakata. A ƙasan sunayen na rubuta, a hankali kamar yadda na saba, suna ta ce mini in yi sauri: mun shaida mata ashirin da uku sun shiga, kowacce sau ɗaya ta jefa, ba mu ga aibu ba. Na karanta da ƙarfi da Larabci, na maimaita da Hausa. Na miƙa wa Yaya biro. Ta sa hannu tana cewa, "Wannan yarinya tun da ta shiga makarantar tsofaffi ta zama alƙali." Hauwa ma ta sa.

Muka shimfiɗa farin zani a ƙasa, na yanke salatif na juye. Muka ware su gida biyu, muka ƙirga tare da baki ɗaya. Ƙwallon dabino tara. Fustuƙ sha huɗu.

Kaltume ta rangaɗa guɗa. Hauwa ta ɗaga mata hannu alamar ta bari, ta je ta durƙusa gaban Yaya ta ce, "Yaya, ki yafe mini, ki sa mini albarka." Yaya ta dubi farin zanin da ke ƙasa ta daɗe. 'Yan Sudan su goma sha ɗaya ne, kowa ya sani. Wato uku daga cikinmu 'yan gida sun jefa fustuƙ. Ta miƙe ta gyara mayafi ta fita. Na kwashe ƙwallaye da fustuƙ na zuba a ambulan na liƙe, na rubuta sakamakon, na kai wa mudir kwafinsa, takardar sunayen kuwa na riƙe.

Na ɗauka an gama. Ashe tafiyar da Hanum ta faɗa yanzu ta fara.

Ranar Talata da safe Ladidi da mata biyu suka shiga ofis. Suka ce an yi maguɗi. Yatsun 'yan Sudan baƙaƙe ne, tawada ba ta kama su ba, kuma kowa ya ga Kaltume ta shiga bayan zani sau biyu. Da rana mudir ya tare ni a gaban asansir, fuskarsa ba walwala.

"Na gaya miki ba na son fitina a cikin mausim. Sa'adiyya ta fi daɗewa, ranar Asabar kowa ya ɗaga mata hannu. In akwai shakka a na biyu, na farko zan aika. Gobe bayan azahar ku zo duka."

Ranar ce kuma ayarin su Hanum Zahra ke tashi zuwa Jidda. Na taya ta ɗaure jaka ina ba ta labari. Ta ce takardar tana ina? Na dafa ƙirjina, na ce tana nan cikin riga. Ta ce sun sa hannu kafin a buɗe? Na ce sun sa.

"To kada ki yi musu da kowa. Ke muryarki ƙarama ce, za su danne ki. Ajiye takardar a gabansa ki ja baya."

Ta tura mini ɗan ƙullin za'afaran, kayan ƙamshin ƙasarsu, a aljihu, ta karɓi lambata, muka rungumi juna.

Laraba bayan azahar muka tsaya a ofis, ni da Yaya da Hauwa da Ladidi. Ladidi ta yi magana ta kai minti goma, tana haɗa Hausa da Larabci, har da nuna yadda Kaltume ta shige. Da ta numfasa na ciro takardar na warware ta a kan tebur, na ajiye ambulan a gefe, na koma bakin ƙofa.

Mudir ya ɗauki biro yana bin sunaye, yana taɓa tambarin yatsa ɗaya bayan ɗaya. Lalle bai hana yatsa bugawa a takarda ba, ga su nan shuɗaye reras, na Kaltume ma ya fi na kowa fita. Ashirin da uku. Ya farke ambulan ya juye a kan tebur, ya ƙirga da bakin biro. Ashirin da uku.

"In ta jefa biyu, da ashirin da huɗu ne," in ji shi.

Ladidi ta ce, "To in wata ta shiga ba ta jefa ba fa? Ita kuma ta cike da biyu?"

Ya ɗan karkata kai, alamar maganar ta shige shi. Sai idonsa ya sauka kan layukan ƙasa. Ya karanta su a fili, ya sake karantawa.

"Wannan yaushe aka rubuta?"

Na ce, "Bayan kowa ya jefa, kafin a buɗe."

"Bayan zanin ya faɗi?"

"Bayan ya faɗi, ustaz."

Ya juya takardar ya tura gaban Yaya. "Ya Hajja Sa'adiyya, wannan hannunki ne?"

Ni na san Yaya tun ban san kaina ba. Tana da zafi, tana da son girma, amma ban taɓa kama ta da ƙarya ba. Duk da haka ban saki jiki ba, don faɗuwa a gaban yara ba ƙaramin abu ba ne.

Ta ce, "Hannuna ne."

Ladidi ta ce, "Yaya, ai ba ki lura ba ne lokacin."

"Ke rufe mini baki. Wa ya riƙe wa Kaltume kujerar da ta hau? Ni na riƙe. Hannunta biyu a kan igiya suke, ko kallon kwalin ba ta yi ba." Ta juya ga mudir. "Na faɗi, ustaz. Ba zan ɗora ƙarya a kan faɗuwa ba, a garin nan, a watan nan. Ka rubuta yarinyar."

Ustazu Adil ya buɗe aljihun tebur ya ciro hatimi. Ya rubuta sunan Hauwa a takardar ofis, ya sa hannu, ya buga. Sannan ya jawo tawa takardar, mai karkatattun layuka, ya buga mata ita ma, ya ce a haɗa su a aika tare. Ƙarar hatimin nan har yau tana kunnena. Hauwa ta rufe fuska da mayafi, tana kuka. Ni kuwa na jingina da ƙofa ina ta alhamdu lillahi a ciki.

Mudir ya ɗauki fustuƙ ɗaya ya ɓare. "Yanzu an halatta a ci ƙuri'a?"

Ladidi ta ce, "Ni ai tun Litinin na ci tawa." Har Yaya sai da ta yi dariya.

Da muka sauko ɗakin wanki, mata sun ƙi tafiya gida, suna jira. Na ɗaga takardar sama suka ga hatimi. Wannan karon ba wanda ya hana Kaltume guɗa, har masu girkin Iraniyawa suka leƙo suna tambaya ko aure ake yi. A wannan yammacin Hauwa ta sa na rubuta jadawalin farko a bayan kwali. Sunanta ta sa na fara rubutawa a hawa na goma. Juma'ar farko kuma ba ta ɗauka ba, Kaltume ta ba wa. Ita sai a ta huɗu ta samu, ta dawo daga Harami idanunta jajur.

Bayan 'yan makonni, muna cikin Muharram, saƙon murya ya shigo wayata da Larabcin nan na huɗuba. Hanum ce. Ta ce an tabbatar da nasu, ya yi rantsuwa, saura a ga aiki. Namu fa? Na ɗauki hoton jadawalin na tura mata.

Abin da na koya a lamarin nan, ƙannena, aikinmu aikin kunya ne da girmamawa, da su muke yi wa baƙin Allah hidima, kuma ba na so ku bar su. Amma kunyar nan ita ta sa mata goma sha ɗaya suka yi shekaru suna sauko da kaya a ka, ba don an tsane su ba, don dai ba wadda za ta iya buɗe baki a gaban babba. Ashe ba rashin kunya ake bukata ba, zanin gado ake bukata da igiya. Na kuma koyi cewa cin zaɓe daban, tabbatarwa daban, kuma abin da ke raka mutum daga wannan zuwa wancan takarda ce da aka rubuta a kan lokaci. Kada kuma ku raina wanda ya faɗi. Ranar nan takardata ta kai mu bakin ƙofa ne kawai, Yaya Sa'adiyya ce ta buɗe.

Washegarin Larabar, da na idar da sallar asuba, na dafa shayi na jefa masa za'afaran ɗin Hanum na zuba a fulas. Na tsaya a Mansur na sayi ƙosai mai zafi, na hau tasi zuwa Hindawiyya. Na tarar da Yaya a kan darduma tana lazimi. Na durƙusa na gaishe ta, na zuba mata shayi. Sannan na sa hannu a aljihu na ciro ƙwallon dabinon da ya kwana uku a jikina, na ajiye mata a tafin hannu.

Ta jujjuya shi. Ta ce, "Na sani tun Litinin. Ba wanda ke daɗewa haka a bayan labule don ya jefa wa yayarsa."

Na ce, "Yaya, ki yafe mini."

Ta kurɓi shayi, ta ɓata fuska don ba ta saba da ƙamshin ba, ta sake kurɓa. "Wane hawa yarinyar ta ba ki?"

Na ce, "Tara."

"Ni fa?"

Na ce Hauwa ta ce saboda shekarunta a bar ta a ma'ajiyar tawul.

Ta ajiye kofi da ƙarfi. "Ma'ajiya? Ni tsohuwa ce? Je ki goge ki rubuta ni a tara tare da ke. Miƙo mini abayata, kada mota ta tafi ta bar mu."